Saƙon da Ba Ya Bukatar Tafinta

A ƙasar Sikotlan, a zamanin da sarki ke zaune can kudu yana mulkin tsaunukan arewa da takarda da hatimi, an yi wani bishop, wato shugaban limaman coci na lardi guda, ana ce masa Mungo Pitkarn. Lardinsa Kilbranna, ƙasar duwatsu da ruwan sama, inda tumaki suka fi mutane yawa, mutanen kuma suka fi tumakin taurin kai. Shekara shida ke nan da naɗa shi. Ya iya Latin, ya iya Girkanci, har Ibrananci ya ɗan taɓa, amma harshen mutanen tsauni, waɗanda aka ba shi kiwon rayukansu, ko sannu bai iya da shi ba. Ni dai ban taɓa jin malamin da ya sha wahalar harsunan matattu ya ƙyale na rayayyu kamar wannan bawan Allah ba.

Yana da wani suna da ba a faɗa a gabansa. A ƙasar, in maraƙi ya mutu, sai a feɗe shi a cusa ciyawa cikin fatar, a tsayar da ita gaban saniya don ta yaudaru ta saki nono. Manyan gari suka ce haka sarki ke yi da bishop-bishop ɗinsa: a tsayar da su gaban coci, wasu su tatsa. Don haka suke kiran Pitkarn Maraƙin Ciyawa. Ya san da sunan, yana kuma yi masa ciwo ƙwarai, domin shi har zuciyarsa yana so ya zama makiyayi na gaske.

A kakar shekarar nan sarki ya aiko da umarni cewa kowace kabilar tsauni ta miƙa makamanta. Kabilar Orran ta ce sai an saurari kokenta tukuna. Bishop ne ya shiga tsakani. Ya sa shugabansu, wani dattijo mai suna Ferkar, ya sauko ganuwar Kilbranna, gidan sojan sarki mai katanga, ya ba da kansa jingina har amsar sarki ta iso. Sharaɗin guda ne, kowa ya ji shi: muddin mutanen Orran ba su taru da makami ba, tsohon zai koma gida da ƙafarsa, in kuwa suka taru, za a rataye shi a ƙofar ganuwa. Bishop ya ɗora hannu kan Littafi Mai Tsarki a gaban jama'a, ya rantse wa Ferkar cewa ko gashin kansa ɗaya ba zai faɗi ba.

Kwana tara aka yi lafiya. A na goma sojojin Sarkin Yaƙi Sholto Dalgarno, wanda ke riƙe da ganuwar da sunan sarki, suka shiga ƙauyen Balnara wai neman makamai, suka cinna wa ƙaramin cocin ƙauyen wuta. Tsohon da ke share cocin ya shiga ya ɗauko gicciyen itace na kan bagadi, wato teburin ibada, suka sare shi a bakin ƙofa yana rungume da shi. Washegari Bishop ya hau doki ya je da kansa. Ya tarar da toka da hankaki, ba mutum ko ɗaya. Ya tsinci gicciyen, tsawonsa bai wuce kamu ɗaya ba, bakinsa huɗu duk sun ƙone, jinin tsohon ya bushe a jikinsa. Ya naɗe shi cikin alkyabbarsa, ya yi kuka a hanya, ya share fuska kafin ya shiga gari.

Kashegari da hantsi aka zauna majalisa a babban zauren ganuwa. Sarkin Yaƙi a tsakiya, Alƙalin Lardi a damansa, Magajin Gari da Sarkin Ƙofa a hagu, Bishop a kujerarsa mai rufi. A bayansa tafintansa Dugal ke tsaye, wani tsoho haifaffen tsauni mai ido ɗaya. Aka shigo da Ferkar. Ya yi zaman fadar sarki da ƙuruciya, don haka yana jin harshen kudu.

Bishop ya miƙe ya ce, "Sarkin Yaƙi, Allah ya ƙara wa sarki nasara, ya kuma ba bayinsa jin tsoronsa. An ƙona ɗakin Allah a lardina, an zubar da jinin mutumin da bai taɓa riƙe abin da ya fi tsintsiya ba. Ina so in ji a bakinka, umarnin sarki ne wannan ko naka?"

Dalgarno bai ko gyara zama ba. Ya ce, "Ranka ya daɗe, soja in ya shiga ƙauye ba ya tafiya da liman a aljihu. Abin da ya faru ya faru. Abin da ke gabanmu shi ne gobe ko jibi mutanen nan za su sauko mana da gatari, ni kuwa igiyata a murɗe take."

Ferkar ya ɗaga kai. Muryarsa a dishe take, amma ba ta rawa. "Ba za su sauko ba. Na bar wa ɗana Ruari magana, shi kuwa ko da wuta na cin gemunsa ba zai tsallake maganata ba. Mutanena ba sa tashi don fushi, sai an kira su. Ni kuma ga ni nan a hannunku, ban kira kowa ba." Ya juya ga Bishop ya ce, "Malam, rantsuwarka na bi na zo. Ban bi ta Sarkin Yaƙi ba."

"Tana nan daram, Baba," in ji Bishop.

Aka fita da tsohon. Alƙalin Lardi ya kawo shawara a aika wa Ruari takarda a kwantar masa da hankali. Magajin Gari ya yi dariya ya ce duk tsaunin ba mai karatu. Bishop ya ce to a tura Dugal da saƙon baki. Nan fa Dalgarno ya farka.

"Wa ya san abin da mai ido ɗayan nan zai faɗa in ya haye tudu? Shekara shida kana magana da bakinsa, ranka ya daɗe. Ka taɓa sanin ko abin da ka faɗa shi yake isarwa? Mutanen gari suna cewa a lardin nan akwai bishop guda, amma ba shi ne ke zaune kan kujera mai rufi ba." Ya ƙara da murmushi, "Suna kuma faɗin wani abu game da maraƙi, amma ni ban cika jin tsegumi ba."

Magajin Gari ya sunkuyar da kai yana danne dariya. Dalgarno ya sa aka kama Dugal aka kai shi ɗakin tsaro, wai har a gama bincike, ya kuma hana kowa ganin Ferkar. Bishop ya ji kunnuwansa sun ɗau zafi. Da ya natsu ya nemi a ɗage zaman, da labarin nan ya ƙare daban. Amma mutumin da aka taɓa masa inda ke ciwo ba ya tsayawa lissafi. Ya zaro gicciyen daga alkyabba ya ajiye kan tebur.

"To zan aika saƙon da ba ya bukatar tafinta," ya ce. "Wannan nasu ne. In Ruari ya gan shi zai san na je Balnara da ƙafata, na ga abin da aka yi musu, baƙin cikinsu nawa ne. Ba Kiristan da zai ga gicciye bai gane zaman lafiya ake nufi ba. Ya zo da dattawansa mu zauna."

Dalgarno ya yi shekara ashirin yana yaƙi a tsaunukan nan, an kuma yi masa alkawarin ƙasar duk kabilar da ta yi tawaye. Ya dubi gicciyen, ya dubi baƙin bakinsa da jinin da ke jiki, ya dubi Bishop. Sai ya miƙe tsaye, abin da bai yi ba tun da aka fara zaman.

"Allah ya ja zamaninka, wannan hikima ce ta malamai. Zan ba ka ɗan aikena da ya fi kowa sauri. Ba ya jin harshensu, amma ba sai ya yi dogon zance ba. Ya miƙa shi ga mutumin farko da ya gani, ya faɗi sunan wurin haɗuwa kawai. Ya ce Mashigin Orra, kai kuma ranar Laraba ka same su can."

Bishop ya ji daɗi har ya gode masa.

To ga abin da littattafansa ba su gaya masa ba. Tun kaka da kakanni, in za a tara mutanen tsauni yaƙi, ba a buga ganga, ba a aika takarda. Ana haɗa itace biyu a gicciye, a ƙona bakinsu, a tsoma cikin jini, a ba mai gudu. Shi kuma ya miƙa wa mutumin farko da ya tarar, ba gaisuwa, ba bayani, sai sunan wurin taro. Wanda ya karɓa, ko gawar uwarsa yake wankewa, zai ajiye ya ruga ƙauye na gaba. Duk namijin da ya isa ɗaukar takobi, in ya ga alamar bai fito ba, wutar da jinin a gidansa za su sauka. Kowace mai tatsar akuya a lardin ta san wannan. Bishop ɗinsu ne kaɗai bai sani ba.

Ɗan aiken ya dawo kafin rana ta faɗi. Ya ce wani mai yankan ciyawa ya tarar, mutumin ya jefar da lauje, ya fizgi gicciyen, ya zura da gudu ko waiwaye babu. Bishop ya ɗaga hannu sama ya yi godiya ga Allah da ya sa wa mutanen nan irin wannan ƙaunar gicciye.

Ranar Talata ƙararrawar babban coci ta tsage ana cikin kaɗa ta. Matan kasuwa suka kwashe kayansu tun rana tsaka. Masunta suka ce sun hango hayaƙi bisa tuddai bakwai. Bishop ya ce camfi ne, ya zauna yana rubuta jawabin da zai yi wa dattawa.

Da safiyar Laraba ya roƙi a sako masa Dugal don ya fassara jawabin. Dalgarno ya sake shi ba gardama, har da yi musu fatan sauka lafiya. Suka fita su biyu a kan dawakai, ana yayyafi. Sun yi nisa kafin tsohon ya buɗe baki.

"Ranka ya daɗe, wa ka samu ya kai maka saƙon?"

Bishop ya ba shi labari, da ɗan alfahari a muryarsa. Bai kai ƙarshe ba Dugal ya ja linzami ya tsaya cak.

"Bakinsa a ƙone?"

"Duka huɗun."

"Da jini?"

"Jinin tsohon Balnara."

"Kuma sunan wuri kaɗai aka faɗa." Wannan ba tambaya ba ce. Dugal ya sauko daga doki, ya zauna kan dutse cikin ruwan. A taƙaice ya gaya masa ma'anar abin da ya aika. Ya ce, "Shekara shida ina bayanka. Taku uku ne tsakanin ɗakinka da inda aka kulle ni. Da ka leƙo ta taga ka nuna mini."

Bishop ya zabura ya ce su yi sauri, ko Allah zai sa su tarar da mutanen ba su taru ba, ya mayar da su. Ba su yi tafiyar kirki ba suka fara jiyo algaitar salka ta mutanen tsauni, ba ɗaya ba, ba goma ba.

Da suka haye tudun ƙarshe, ga Mashigin Orra a ƙasa, ba a ganin ciyawar gaɓarsa don mutane. Bishop ya yi tsammanin dattawa goma sha biyu. Ya tarar da maza fiye da dubu, da takubba da gatura da garkuwoyin fata, har da kabilu biyu maƙwabta da gicciyen ya ƙetara zuwa wurinsu. Suna ganin alkyabbarsa suka yi wata irin sowa da ta firgita dokinsa. Wani ƙaƙƙarfan mutum mai jan gemu ya ratso taron, ya durƙusa cikin taɓo a gabansa. Ruari ne, ɗan Ferkar. Ya yi magana, Dugal ya fassara kansa a sunkuye.

"Ya ce, uban coci, mun zalunce ka da zato. Mun ɗauka kai na sarki ne. Ka kira mu, ga mu. Ya ce sun san sharaɗin, sun kuma san rantsuwarka, don haka sun tabbata ba za ka kira su ba sai da ka fitar da mahaifinsa daga ganuwa. Yana tambaya a ina ka ɓoye shi, yana so ya gaishe shi kafin a fara."

"Ce musu su watse," in ji Bishop. "Ce musu su zubar da makamai su koma gida yanzu, yanzun nan."

Dugal bai samu damar fassarawa ba. A bisa tudun da suka baro, sojojin Dalgarno suka bayyana sahu-sahu, ashe tun fitowarsu suna biye da su. Bishop ya ga wani mahayi ya ɓalle daga cikinsu ya juya da sukuwa ya nufi Kilbranna. Ba sai an gaya masa saƙon da mahayin ke ɗauke da shi ba. Ya zaburi dokinsa zai bi shi, igwa ta tashi, dokin ya faɗi da shi cikin ruwa.

Dalgarno ya iya makirci amma ya gaza a ƙidaya. Mutum ɗari uku ya shirya wa. Bindigoginsa kuwa irin na lagwani ne, yayyafin da ya zama ruwa sosai ya kashe rabinsu. Harbi ɗaya suka samu yi. Kafin su sake ɗura albarushi mutanen tsauni sun jefar da mayafansu sun hau tudun da gudu, suna ihu da sunan Balnara. Bishop na kwance a gaɓa, ƙafarsa ƙarƙashin mataccen doki, yana ganin komai ba ya iya hana komai. Ya ga gatari ya raba kwalkwalin ƙarfe. Ya ga Sarkin Ƙofa ya miƙa takobinsa yana roƙo, ba wanda ya ji harshensa. Ya ga wani dattijon tsauni zaune a bakin ruwa yana ƙoƙarin mayar da hanjinsa ciki. Duk abin bai ɗauki sa'a guda ba. Dalgarno ya tsere ta bakin teku da mahaya shida, ya bar mutum ɗari biyu a kwance, mutanen tsauni kuma suka rasa saba'in.

Suka zaro Bishop, suka ɗora shi kan wani doki, suka sa shi gaba kamar ango. Duk hanya yana addu'a guda, Allah ya sa dokin mahayin nan ya karye, ko masu gadi su ji tsoro su jinkirta. Da la'asar suka hango ganuwar Kilbranna. Ƙofa a buɗe, masu gadi sun gudu. Algaitun suka yi shiru ɗaya bayan ɗaya.

Ferkar na rataye a saman ƙofar, ba takalmi a ƙafarsa, ruwa na ɗiga daga farin gemunsa.

Ruari bai yi kuka ba. Ya hau da kansa ya yanke igiyar, ya sauko da mahaifinsa a kafaɗa, ya shimfiɗe shi kan mayafinsa, ya rufe masa ido. Sannan ya tako har gaban Bishop ya faɗi kalma biyu ko uku, a hankali.

"Yana tambaya don me," in ji Dugal.

Bishop ya sauko daga doki, ya tsaya kan ƙafarsa mai ciwo. Kunya da baƙin ciki sun cika shi har ya fi son mutuwa da tsayuwar nan. Ya ce, "Gaya masa gaskiya. Ce masa ban san ma'anar abin da na aika ba. Ce masa jahilcina da girman kaina ne suka kashe mahaifinsa da mutanensa saba'in. Ga wuyana."

Dugal ya dube shi da idonsa ɗaya, ya daɗe yana dubansa. Sai ya juya ga taron ya ɗaga murya. Ya yi magana mai tsawo, ta fi abin da aka ba shi tsawo nesa ba kusa ba. Bishop ya ji sunan Ferkar sau uku, ya ji nasa sau ɗaya. Ya ga mazan nan suna cire huluna. Ya ga fuskar Ruari ta karye, sai yanzu hawaye ya zubo masa. Ruari ya kama hannun Bishop ya sumbace shi.

"Me ka gaya musu?"

"Na ce Ferkar ne da kansa ya umarce ka ka aika gicciyen. Na ce ya san igiya na jiransa, ya zaɓe ta don kada a sake ƙona wani Balnara. Na ce ka roƙe shi da kuka, ya ƙi."

"Ƙarya ce, Dugal."

"Ƙarya ce, ranka ya daɗe. Amma akwai mata saba'in a tsauni da za a kai wa labari gobe. Ba zan ce musu mazansu sun mutu don wani malami ya ƙi tambaya ba. A wurin sarki kuwa kai ne ka tara tawaye, Dalgarno na kan hanya da shaidu, ba ka da inda za ka koma." Ya matsa gefe, ya nuna masa taron da hannu. "In kana so ka ƙaryata ni, ga su nan. Gaya musu da bakinka."

Bishop ya dubi fuskoki dubu da ke jiransa. Ya buɗe baki, ya rufe, don ko kalma ɗaya ba shi da ita a harshensu.

A tsakar ganuwa an riga an hura wuta, an yanka akuya. Maza huɗu suka fito daga cikin hayaƙin, kowanne riƙe da sabon gicciye, bakinsa na turiri, jini na bin hannunsa, ɗaya na gabas, ɗaya na yamma, biyu na tsibirai. Suka wuce ta gefen gawar Ferkar, suka durƙusa gaban Bishop, suka ɗaga su sama suna jiran ya sa albarka kafin su ruga. Wannan karon ya san ma'anarsu sarai. Ya ɗaga hannunsa.